Iro Mai Fenti da Ragon Alhaji Rabe

A saman tsani Iro mai fenti ya zama likita. Ba wanda ya ba shi takarda, ba wanda ya ɗora masa hula. Yana tsaye ne da buroshi a hannu yana shafa koren fenti a bangon wani asibitin dabbobi da ke unguwar Federal Low-Cost, sai ilimi ya fito ta taga ya same shi.

A ciki Dokta Millicent ce, mai asibitin, take yi wa ɗaliban da suka zo koyon aiki bayani.

"Dabba ba za ta buɗe baki ta ce muku nan ke min ciwo ba," in ji ta. "Kafin ku ɗauko allura, ku tsaya ku kalle ta. Kunne yana magana, wutsiya tana magana, yadda ta tsaya ma magana ce. Misali kare, idan kuka ga yana kaɗa wutsiya..."

Nan aka ɗauke wuta. Maigadi ya tayar da janareta, ƙara ta cinye sauran bayanin.

Iro bai damu ba. A ganinsa abin da ya rage ƙarashe ne kawai, kuma mai kaifin basira ba sai an tauna an sa masa a baki ba. Ashe wannan ne duk sirrin da ake sa farar riga a kai? Kallon kunne da wutsiya? Shi da ya tashi cikin awaki a unguwar Shamaki, shi da ya san jela tun kafin ya san baƙi da wasali? Ya dubi hannuwansa da fenti ya cinye, ya ji tausayin kansa. Ya sauko daga tsani a hankali, irin saukowar manya, ya kama hanyar gida.

Matarsa Bashira tana tankaɗe a tsakar gida lokacin da ya shigo da wani faifan langa-langa a ka.

"Baban Yusra, wannan kuma na mene ne?"

"Allon asibiti."

"Na wa?"

"Nawa."

Ta ajiye rariya ta dube shi tun daga hula har silifa. "Ciwon ya kai a buɗe maka asibiti kai kaɗai?"

Ya wuce da faifansa. Likita ba ya cacar baki da marasa ilimin fannin. Kafin magariba allo ya hau saman ƙofar zaure, da manyan jajayen baƙaƙe, don in dai rubutun fenti ne Iro ba shi da na biyu a unguwar: DOKTA IRO, MAI JIN MAGANAR DABBOBI. BA ALLURA, BA ƊAURI.

Farar rigar kuwa Mudathir tela, ɗan yayarsa, ya ɗinka masa da wani tsohon zanen gado.

"Kawu," in ji Mudathir yana gwada masa kafaɗa, "likita fa makaranta yake zuwa."

"Ni ma na je."

"Wacce?"

"Ta taga na ɗauki karatun."

"Ta taga ai ɓarawo ke shiga, Kawu."

"Kai dai sa min aljihu babba. Likita ba ya yawo ba aljihu."

Wadda ta fara zuwa ita ce Goggo Kande, tsohuwar da ke maƙwabtaka da su, da kazarta a hammata. Kaza ta daina ƙwai. Iro ya sa aka ajiye ta a tabarma, ya tsuguna a gabanta, ya zuba mata ido. Kaza ta karkata kai ta dube shi da ido ɗaya. Shi ma ya karkata nasa. Aka daɗe a haka, har masu wucewa suka fara tsayawa a bakin zaure.

"Na ji ta," in ji Iro. "Goggo, rediyonki ne ya dame ta."

"Rediyon? Ai tare muke jin labaran duniya da ita kullum."

"Shi ne. Labaran sun yi mata yawa. Wa zai ji halin da duniya ke ciki ya iya yin ƙwai? Ki mayar da akurkinta bayan ɗaki."

Goggo Kande ta mayar. Washegari kaza ta yi ƙwai.

Ko lokacinta ne ya yi, ko inuwar bayan ɗaki ce ta yi mata daɗi, Allah kaɗai Ya sani. Amma Goggo ta ɗauki ƙwan nan a tafin hannu ta zagaya da shi gida-gida, har Islamiyyar matan aure sai da ya leƙa. Kafin mako ya zagayo, Iro ya gaya wa wani mai tantabaru ya nemi gafararsu, ya gaya wa wani mai jaki ya daina kiransa jaki a gaban mutane. Tafiyarsa ta sauya. Ya sayi tabarau marar magani ya dinga zamo da shi kan hanci idan zai yi magana.

Ana cikin haka Bashira ta tare shi da safe yana goge takalmi.

"Baban Yusra, zo ka duba min Kyalla."

Kyalla akuyarta ce, jikar akuyar da mahaifiyarta ta bar mata kafin ta rasu, kuma ga ta da ciki. A gidan nan in ka cire Yusra, 'yarsu, ba abin da Bashira take ji da shi kamarta.

"Ba ta ci, ba ta tuƙa. Ta ware kanta tana tsaye jikin bango ta gantsare baya, sai tauna haƙora take yi."

Iro ya leƙa ta saman tabarau, daga inda yake zaune. Bai ko ajiye takalmin ba.

"Fushi take yi."

"Fushi?"

"Ta ga ina kula da dabbobin waje na bar ta. Ƙyale ta, za ta huce. Kin san halin mata."

"Na san halin maza ma," in ji Bashira, ta koma wajen akuyarta.

Ranar ce aka kira shi Low-Cost. Malam Dennis, wani malamin sakandare mutumin Kaltungo, shi ya aiko. Matarsa Jummy ce ta ji labarin kazar Goggo a shagon Mudathir ta kai gida. Karensu Sajan, wanda yara ke hawa kamar doki, ya sauya hali. Sai gurnani, sai kaɗa kai, ko abinci aka kai masa sai an tura da sanda.

Iro ya shiga gidan yana tattare gefen riga, don shi da kare sai dai daga nesa, amma aiki ya biyo ta kansa. Sajan yana ɗaure a gindin mangwaro, baƙi wuluk, ƙato kamar ɗan maraƙi. Ya karkatar da kai gefe ɗaya, kunnen dama a saɓule.

"Ka ga yadda ya karkata kai?" in ji Iro. "Saurarona yake yi. Ya gane ni."

"Dokta, haka yake yi tun shekaranjiya, kafin ka zo."

"Jirana yake tun shekaranjiyar. Kwance shi."

"In kwance?"

"Malam Dennis, ka karanta allona? Ba ɗauri."

Dennis ya kwance sarƙa ya ja baya har bakin ƙofar falo. Sajan ya miƙe. Jikinsa ya sanƙare, gashin bayansa ya tashi, wutsiya ta ɗaga sama cak, tsininta kaɗai ke rawa. Zuciyar Iro ta yi fari. Wutsiya dai ga ta tana kaɗawa, daidai inda karatunsa ya tsaya.

"Murna ke nan," ya ce. "Wannan shi ne darasi na farko."

"Dokta, wannan kaɗawar fa ba irin wadda yake yi mana ba ce."

"Ku 'yan gida ne. Wannan ta manyan baƙi ce."

Ya miƙa hannu ya dafa kan karen, daidai kan kunnen nan da ya saɓule.

Iro bai taɓa sanin yana da gudu ba sai ranar. Ya zagaya mangwaro, ya tsallake bokitin wanki, ya bi ta cikin shanyar Jummy ya fito da ɗankwali a wuya. Sajan ya kama bayan farar riga. Aka ji ƙyat! Likita ya bar masa rabi ya haye ƙarfen da aka ɗora tankin ruwa, ya rungume tankin kamar ɗan'uwan da ya dawo daga Makka. Shekarun hawan tsani ba su tafi a banza ba.

Jummy ta leƙo ta tagar kicin. "Dokta, me ya ce?"

"Ya ce," Iro ya haɗiye numfashi, "yana so a bar shi shi kaɗai."

"Ai mu ma da ba mu yi karatun ba mun ji wannan."

Da yamma Dennis ya sa Sajan a mota ya kai shi wajen Dokta Millicent. Ashe kaska ce ta cika masa ramin kunne har ya yi ruwa. Labari ya iso majalisar mai shayi ta Shamaki kafin Iro ya iso, aka shirya masa dariya. Amma ya zauna ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya.

"To wa ya gano kunnen?" ya tambaya. "Duk gidan nan wa ya taɓa wurin? Da ban sa hannu ba, da har yau suna can suna tura abinci da sanda. Ni na yi binciken, ita ta yi wanki."

'Yan majalisa suka dubi juna. Maganar ta yi kama da gaskiya, har shi Iron ya fara yarda da ita. Mudathir ya cike bayan rigar da ragowar wata atamfa mai zanen abarba, don farin yadi ya ƙare. Daga gaba likita, daga baya uwar biki.

Sai babban kira ya zo. Alhaji Rabe, ɗan kasuwar hatsi da ya gina sabon gida a unguwar Tumfure, yana da wani rago da ya sayo daga Dukku yana kiwo saboda Babbar Sallah. Sunansa Tirela, kuma wanda ya raɗa sunan bai yi ƙarya ba. Kwanan nan ragon ya haukace da tunkuyi, har ya fasa gindin ƙahonsa, ƙuda sun fara bin ciwon. Ba mai iya kusantarsa. Alhaji ya kira Dokta Millicent, ta ce za ta zo da hantsi, a bar ragon kada kowa ya shiga wurinsa. Alhaji kuwa ba ya son jira, kuma an ba shi labarin wani likita a Shamaki da ba ya ɗauri, sai ya aika a kira shi.

Da safen Iro ya aika majalisa cewa duk mai son ganin ilimi ya shirya. Yana cikin gyara tabarau Bashira ta sha gabansa. Idanunta sun yi ja.

"Kyalla ta kwanta. Cikinta ya kumbura ta gefen hagu. Ka zo mu kai ta asibiti."

"Ki kai ta asibiti alhali asibiti yana gidanki? Me mutane za su ce?"

"Su ce abin da suka ga dama."

"Bari in dawo daga Tumfure in zauna da ita mu fahimci juna."

"Je ka," in ji Bashira, tana jawo mayafi. "Allah Ya ba da sa'ar hira."

Keke mai ƙafa uku guda biyu aka cika. Mudathir a gaba da waya a hannu zai ɗauki bidiyo, Goggo Kande a baya ta riƙe ƙarfe tana salati a kowane rami, 'yan majalisa an cusa su kamar buhunan masara. Tafiyar Tumfure doguwa ce, Iro ya cinye ta da lacca. Kafin su isa har direban ya san cewa saniya tana yin ƙarya da kunnen hagu.

Gidan Alhaji yana tsakanin wata gonar gyaɗa da wani kangon da ake kan ginawa. Ganin keke biyu da farar riga, leburori suka ajiye shebur suka hau katanga. Matan da ke ciyawa a gona suka matso bakin get. Alhaji ya fito cikin babbar riga ya yi musu maraba.

"Dokta, ko a ɗauko igiya dai?"

"Ranka ya daɗe, igiya ta jahilai ce. A buɗe."

Aka buɗe ƙaramar ƙofar farfajiyar baya. Wuri ne mai shimfiɗe da tayil, ga kwamin dusa, ga wata ƙatuwar ƙofar gilashi mai duhu da ke shiga falon Alhaji. Tirela yana tsaye a gaban gilashin shi kaɗai yana huci. Da ya juyo, Iro ya ja ya tsaya a bakin ƙofa. Wannan ba rago ba ne, sa ne aka yi wa ƙahon rago. Amma ido ya yi yawa, waya tana ɗauka, kuma katangar ta fi ƙarfin tsalle.

Ya taka zuwa tsakiya, ya tsaya gaba da gaba da ragon, ya zuba masa ido kamar yadda ya yi wa kaza.

Tirela ya sunkuyar da kai.

"Jama'a ku shaida," in ji Iro. "Gaisuwa ke nan. Ya rusuna."

Tirela ya kafta ƙasa da ƙafar gaba.

"Yana share min wurin zama."

Tirela ya fara ja da baya, taku ɗaya bayan ɗaya, idonsa a kan Iro.

"Kawu!" in ji Mudathir daga bayan ƙofa. "Ja da baya ga rago fa ba tsoro ba ne!"

Leburorin kan katanga suka amsa baki ɗaya cewa wallahi gaskiya ne. Goggo Kande ma ta ce, "Iro, ko jikata ta san wannan."

Nan ne Iro ya yi abin da har yau ake ba da labari. Ya juya wa ragon baya domin ya fuskanci jama'a, ya zamo da tabarau kan hanci, ya ɗaga yatsa.

"Wannan karin maganar mutanen da ce, lokacin ba a yi bincike ba. A ilimin zamani, idan dabba ta ja da baya, tana ba ka girmanka ne. Abin da yake faɗa min yanzu shi ne..."

Tirela ya ƙarasa maganar da kansa. Ya yi saitin abarbar da ke tsakiyar atamfa, ya zo da duk dusar da Alhaji ya ciyar da shi tun azumi.

Iro ya tashi sama. Daga baya ya ce ya hango har hasumiyar wani masallaci a cikin gari, amma wannan ba a tabbatar ba. Ya sauka da ka cikin kwamin dusa, ƙafafu suna harbin iska. Ya fito fari fat har gira, ya ga ragon yana sake ja da baya, kuma a wannan karon bai tsaya fassara ba. Ya yi ƙofa. 'Yan majalisa da suka toshe ta suka watse, kowa ya kama gabansa. Alhaji Rabe ya tattare babbar riga ya haye bayan motarsa yana ihu, "A rufe get! A rufe get!" Maigadin da zai rufe yana kan bishiya.

Likita a gaba, Tirela a baya, suka fita titi. Suka ratsa gonar gyaɗa, mata suna ihu suna jifa da kwanduna. Iro ya yi kwana ya nufi kango, ya ga tsani jingine da bango, ransa ya ce ga gida. Saura taku kaɗan ya kama shi, ragon ya sake isar da saƙo a wuri ɗaya da na farko. Iro ya wuce tsanin ya zauna daɓas a tsakiyar simintin da leburori suka kwaɓa.

Tirela ya tsaya a bakin kwaɓin yana huci. Iro yana ciki har ƙugu, ba ya ko ƙifta ido.

"Oga," wani lebura ya kira daga saman bango, "ka yi sauri ku gama maganar, simintin nan na kamawa!"

Ana haka wata farar mota ta tsaya a bakin hanya. Dokta Millicent ta fito da ɗalibanta biyu. Ta dubi mutanen da ke kan katanga, ta dubi Alhaji a kan mota, ta dubi ragon. Ba ta ɗaga murya ba.

"Kowa ya yi shiru. Kada wanda ya gudu, kada wanda ya tsaya a gabansa." Ta juya wajen Alhaji. "Alhaji, yaushe ya fara wannan tunkuyin?"

"Bai fi sati biyu ba, Dokta."

"Me ya sauya a gidan a lokacin?"

Alhaji ya yi tunani daga saman mota. "Ba komai. Sai dai ƙofar gilashi da aka sa min."

"Shi kaɗai yake kwana a wurin?"

"Shi kaɗai. Ba na so ya haɗu da ƙananan tumaki su cinye masa abinci."

Ta leƙa farfajiyar ta dawo. "Rago ba ya zama shi kaɗai, Alhaji, dabbar garke ce. Kun ware shi, sannan kun kawo masa wani ƙaton rago a cikin gilashi wanda kullum yake harararsa, ba ya gudu kuma ba ya mutuwa. Ko ni ce sai na fasa kai."

Ta sa aka rataya tabarma aka rufe gilashin. Ta roƙi wata mata a cikin masu ciyawa ta koro tumakinta da ke kiwo a gefen gona. Da tumakin suka zo wucewa, ɗaya daga cikin ɗaliban yana gaba yana kaɗa dusa a kwano, Tirela ya ɗaga kai, ya shinshina iska, ya manta da likitan da ke cikin siminti, ya bi su tiɓis-tiɓis kamar ba shi ba. Aka bi da su ta wani siririn lungu tsakanin katanga da ɗakin maigadi, inda ba filin ja da baya. Dokta ta matso ta gefen kafaɗarsa, ta tallafi haɓarsa ta ɗaga sama, ɗalibi ya rufe masa ido da tsumma. Ta wanke ciwon, ta shafa magani, ta yi allura. Ragon bai daina tauna ba.

Sai a lokacin leburori suka sauko suka kama Iro ta hammata suka zaro shi. Silifa ɗaya ta zauna a ciki, ta zama harsashin ginin wani bawan Allah. Dokta Millicent ta matso tana cire safar hannu, ta ƙura wa fuskar da dusa ta rufe ido.

"Tsaya. Ba Malam Iro mai fentina ba ne?"

Kowa ya juyo ya dubi Iro.

"Mai fenti?" in ji Alhaji Rabe yana saukowa daga mota. "Mai fenti na buɗe wa ragona?"

"Ranka ya daɗe," in ji Iro, "fannin biyu nake haɗawa."

"A ina ka yi karatun dabbobi?" Dokta ta tambaya.

"A wajenki, ranki ya daɗe. Ranar da kike cewa idan kare yana kaɗa wutsiya."

"Na ce idan yana kaɗa wutsiya kada ku ɗauka murna ce, ku dubi sauran jikin."

"To," in ji Iro. "Nan ne janareta ya shigo."

Dariyar da aka yi har tumakin sai da suka firgita. Mudathir ya zauna a ƙasa, wayar tana rawa a hannunsa. Iro ya buɗe baki zai kare kansa, sai ya ga an buɗe ɗaya ƙofar farar motar. Bashira ce ta fito. A bayan motar, kan buhu, Kyalla ce kwance, an aske mata gefen ciki an ɗinke, idonta biyu tana kaɗa kunne.

"Aikinta ne ya tsayar da ni," in ji Dokta. "Na ce zan sauke su gida in na gama da nan. Da matarka ta ƙara kwana ɗaya, da ba akuya ba 'ya'yan cikinta. Duk abin da na tambaya ta ba ni amsa, yaushe ta daina tuƙa, yaya take tsayawa. Tun kafin in taɓa cikin na san abin da zan tarar."

Bashira ta juya. Ta ɗauko wani bokiti daga motar ta dire a gaban mijinta. Cike yake da baƙar leda da ledar ruwa, sun cure sun zama dunƙule ɗaya kamar kan mutum, ga wari.

"Baban Yusra," ta ce, "ga fushin da ka ce tana yi. An ciro shi."

Iro ya dubi bokitin, ya dubi akuyar. Wannan karon bai nemi fassara ba. Ya cire tabarau, wanda ido ɗaya ya rage masa, ya sa a babban aljihun nan.

"Za ta tashi?" ya tambaya, murya ƙasa-ƙasa.

"Za ta tashi. Ka share ledojin gidanka, ka ba ta ciyawa mai laushi kaɗan-kaɗan. Kai kuma ka je a duba ka a asibitin mutane, nawa ba ya karɓar irinka."

A durƙushe ya koma Shamaki, gwiwa a kan kujerar keke, fuska tana kallon baya, don wurin zama ya tafi hutu. Duk wanda suka wuce sai ya ɗauka wani babban malami ne yake addu'a a kan hanya, har wani ya ɗaga hannu ya ce amin. Kafin su iso, bidiyon Mudathir ya riga su. Iro da kansa ya sa aka sauke allon, ya ce a jingina shi a bakin garken Kyalla ya tare mata rana.

Kwanakin da suka biyo baya a rub da ciki ya yi su, a kan tabarma a zaure, 'yan dubiya suna shigowa suna cije leɓe. Wasu su yi sannu su fita da gudu, sai a jiyo su a waje sun fashe. Da ya ga abin ba zai ƙare ba, sai ya fara ba da labarin da kansa, yana ƙara wa ragon tsawon ƙaho a kowane zama.

Goggo Kande ta zo da kunun gyaɗa a kwano, ta zauna a gefensa ta daɗe tana jajantawa. Da za ta tashi ta sunkuyo, ta rage murya, don ita har ranar ba ta gama cire rai ba.

"Iro, tsakaninka da Allah. Ragon nan, ya yi maka magana kuwa?"

"Ya yi, Goggo. Sau biyu ma."

"To me ya ce?"

"Abin da ya ce a fili yake, ko kurma ya ji. Shi dai da ka ya faɗa, ni kuma da mazaunai na saurara."

Goggo ta tuntsire har kunu ya zube. Daga tsakar gida aka jiyo Bashira ta kasa riƙe tata. Iro ma ya fara, sai ya dafe ƙugu ya ce don Allah a bari haka, dariyar tana taɓa wurin.